Shekarar da Yaya Kulu Ta Yi Awo a Fim

Ƙauyuka bakwai ne, daga bayan Kafur har zuwa gefen Malumfashi. Shekara goma sha shida na yi ina bin su, da farko a kan keke, daga baya a kan babur, kafin manomansu su yarda cewa in kaka ta yi, a rumfata za su fara sauke dawarsu da masararsu. Da hatsin ƙauyukan nan na gina gidan da aka haife ku a ciki, da shi na sayi a-kori-kura, da shi na je Makka. Ba ni da gonar gado, ba ni da takardar makaranta. Abin da na mallaka kaf a duniya shi ne mutanen nan su ɗora wa jaki buhu su ce, mu je wurin Sule. A kaka ɗaya suka daina zuwa, su duka, kuma sanadin wani fim ne da yayata ta fito a ciki. Na san abin da kuka taso kuna ji a gidajen suna da na biki, wai na yanke zumunci da Gwaggonku Kulu ne don ina jin kunyar a ce yayata 'yar fim ce. Ba haka aka yi ba. Tunda Allah ya yi mata rasuwa, ni kuma gwiwa ta fara hana ni zuwa kasuwa, gara ku ji daga bakina.

Ita ta raine ni. Ina da shekara biyar mahaifiyarmu ta rasu, ita tana da goma sha huɗu. Ƙosai take sayarwa a ƙofar gidan gurzar auduga a nan Funtua, wurin da direbobi da 'yan dako suke layi. In ta dawo gida ta tarar na ƙi cin tuwo ina kuka, sai ta ajiye tire ta fara yi mini mutanen da ta gani a ranar. Ga akawu mai biro a bayan kunne yana hararar manoma, ga direban da ke tafiya kamar ƙasa ta ubansa ce, ga tsohon da ke tauna goro da haƙori ɗaya. Ba ta canza kaya, ba ta shafa komai, kafaɗa kawai za ta sauke ko ta karkace baki, sai ka ga mutumin ya shigo ɗaki. Ina dariya tana cusa mini loma. Da ta yi aure, mijinta Malam Isa, ma'aikacin jirgin ƙasa, ya tafi da ita Kaduna. A can ne malaman gona suke neman mace da za ta fito a wasan koya wa manoma feshin auduga, duk matan da aka tuntuɓa suka ƙi. Malam Isa da kansa ya kai ta, ya zauna a benci yana jira har aka gama. Daga nan aka ji ta a rediyo, aka gan ta a talbijin, da zamanin kaset ya zo kuma masu shirya fim suka riƙa layi a ƙofarta. Mijin ya rasu, ta yi takaba, ta koma bakin aikinta. Ba ta taɓa fitowa a amarya ko budurwa ba. Tun tana da shekara talatin ake barbaɗa mata gari a ka tana fitowa a uwa, ko kaka, ko ungozoma, ko mai tuwon tasha. Na taɓa tambayarta ko abin ba ya damunta.

"Auta," in ji ta, don haka take kirana har na yi furfura, "'yan matan nan kowace kyanta take ci, in ya ƙare a sallame ta. Ni da tsufa na fara. Wa zai ce mini na tsufa?"

Ba ta iya karatun boko sosai ba, saboda haka ba ta aiki da takarda. A faɗa mata labarin, a ce ga matar da za ki fito, sai ta tafi ta nemo irin wannan mata a gari ta zauna kusa da ita. Ta taɓa yin wata guda tana bin wata ungozoma gida gida kafin ta yarda a kunna kyamara. Don haka da ta zo Funtua wata kaka ta ce za ta bi ni kasuwar ƙauye inda rumfata take, ta sha iska, ya kamata in gane. Ban gane ba. Ran kasuwa uku ta yi a rumfata, zaune a kan buhu a bayana, tana ɓare gyaɗa, tana gaisawa da mata.

Dole in bayyana muku wani abu game da awo, don ku kun taso ne a zamanin sikeli. Idan muna sayen hatsi daga hannun manomi, da tiya muke aunawa, wato kwanon awo. Za ka tsuguna gaban tarin dawa, ka cika tiya har ta yi tozo, sannan ka tallabo bayanta da hannun hagu tun daga tafi har wuyan hannu. Hatsin da ya kamata ya zube ya koma tari sai ya kwanta a kan hannunka, ya bi tiya ya faɗa buhu. Manomi yana tsaye a gabanka, tiya da tozonta kawai yake gani. Kai kuma bakinka ba ya shiru: ya yara, ya mai jego, an samu ruwan ƙarshe wajenku kuwa? In mu za mu sayar wa wani, hannun yana gefe. Ba mu ɗauke shi sata ba. Hannu muke ce masa, kowa yana yi, a wurin ubangidana na koya, shi ma a wurin nasa ya koya. Ni dai na fi kowa iyawa, kuma a lokacin ina alfahari da haka.

Shekarar da ta biyo bayan zuwan Yaya aka yi damina mai kyau. Na share sito, na tanadi buhuna, na zauna ina jira. Ran kasuwar farko mutum biyu suka zo, su ma baƙi ne. Ta biyu na ga mutanen Sarkin Noma Nomau, dattijon Maguzawan da na fi daɗewa da su, sun shigo da barkono da kaji, ba ko buhu ɗaya na dawa. Suka gaishe ni da fara'a suka wuce. Ta uku na ji labarin wasu sun haɗa kai sun ɗauki mota sun kai masararsu Funtua wurin masu sikeli, wasu kuma sun rufe rumbu sun ce ba sa sayarwa tukuna. Alhaji Ɗanlami, shugabanmu na 'yan hatsi, ni ne mataimakinsa a lokacin, ya ja ni bayan rumfa.

"Alhaji Sule, kai ba ka san abin da ake ciki ba? Kaset ɗin yayarka ne. Can gidan kallon bakin kasuwa tun safe ake nuna shi, an kai shi ƙauyuka da janareta. Wai ta fito a Iya Mai Awo, macuciyar 'yar kasuwa."

"To, ina ruwan dawata da wasan kwaikwayo?"

"Ka san ƙauyawan nan. Ba su raba wasa da gaske. Sun ga yayarka tana cuta a akwatin talbijin, sun ce ai jininsu ɗaya. Kai aka fara gudu, amma mu ma iskar ta fara kaɗa mu. Ka je ka ɗauko ta, ta zo ta gaya musu ƙarya ce ake yi don dariya. In da hali ma ta hutar da mu haka nan, ai ta girma."

Maganar ta zauna mini daidai, don ta ɗora laifin a kan wautar wasu. Da na koma gida na faɗa wa mahaifiyarku. Tana tankaɗe, ba ta ɗago ba.

"Alhaji, ka kalla kuwa?"

"Ni zan zauna kallon kaset, kasuwa tana zubewa?"

"Da ka kalla dai," in ji ta, ta ci gaba da tankaɗenta.

Washegari na kama hanyar Kaduna. Na same ta wajen azahar a wani gida da suka ara suna ɗaukar fim, tana zaune a inuwar mangwaro da gari a kanta, tana shan rake, samari suna ta jan wayoyi. Da ta gan ni ta washe baki.

"A'a, Auta! Wa ya mutu? Kai da ba ka barin kasuwa da kaka."

"Kasuwar ce ta mutu, Yaya, kuma ke kika kashe ta."

Na zayyana mata komai. Na ce mutanen da na yi shekara goma sha shida ina lallashi sun gudu saboda ita. Na ce ta yi suna, ta je Makka, 'ya'yanta sun yi aure, me kuma take nema a gaban kyamara da garin tuwo a ka? Na ce ta dawo Funtua, zan gina mata ɗaki biyu da tsakar gida, ta ci ta sha har ƙarshen ranta. Ta tofar da ɓawon rake, ta dube ni.

"Ka kalla?"

"Kowa sai ya tambaye ni na kalla! Ban kalla ba, ba kuma zan kalla ba."

"To ji nan. Aikina ba zan bari ba. Mijin da ya aure ni bai hana ni ba, ba ƙanin da na share wa majina ne zai hana ni ba. Ɗakinka biyu ka zuba masara a ciki. Amma zuwa ƙauye, in kana so, zan bi ka. Sai dai ka tabbata kana so."

"Don me ba zan so ba?"

"Shi ke nan. Jibi ka zo ka ɗauke ni."

Da hantsi muka isa gidan Sarkin Noma. Babban gida ne, rumbuna sun fi ashirin, ana tsakiyar sussuka a fili. Ina tsammanin in sun gan ta za su ɗaure fuska, har na gargaɗe ta a mota cewa kada ta ji haushi in aka yi mata rashin kunya. Tana sauko da ƙafa wata mata ta yar da taɓarya ta rangaɗa guɗa.

"Ga Iya Mai Awo! Wallahi ita ce! Ku fito ku ga Iya!"

Kafin ka ce me, mata sun kewaye ta. Wannan ta kama mata mayafi, waccan ta miƙo mata jariri ta ce ta sa masa albarka. Kande, uwargidan Sarkin Noma, wata doguwar tsohuwa mai murya kamar ta namiji, ta tsuguna a ƙasa tana kwaikwayon yadda Yaya ta yi a fim, tana cewa, "Ya yara? Ya mai jego?" Filin ya kece da dariya. Aka kawo mata fura, aka kama mata zakara. Ni ko tabarma sai da na jira. A nan jikina ya fara ba ni cewa lissafina bai yi daidai ba, amma na riga na shirya jawabina tun daga Funtua, ban kuma saba mayar da kaya gida ba. Da aka natsu, maza suka zauna a gindin ɗorawa, mata suka tsaya daga baya, na gyara murya. Na ce na kawo yayata ne don su gani da idonsu cewa mutuniyar kirki ce. Na ce abin da suka gani a akwati wasa ne, shiryawa ake yi, ba gaskiya ba ne. Na ce matar nan tunda take ba ta taɓa sayar da ko tiya ɗaya ta hatsi ba. Na yi ta bayani dalla-dalla kamar mai koya wa yara alif.

Nomau ya bar ni har na gama. Tsoho ne gajere, ba ya ɗaga murya. Ya juya sandarsa a ƙasa.

"Alhaji, mun gode da ka taso. Amma wa ya ce maka ba mu san wasa ba? Kowace shekara in an gama girbi muna kalankuwa a nan. Ɗan wancan da kake gani shi ke fitowa a alƙali, har ɗaure mutane yake yi, gobe kuma ya koma kiwon awakinsa. Ba wanda ya taɓa kai masa ƙara ta gaske. Mun san Hajiya ba macuciya ba ce."

"To, Baba, me ya hana ku kawo hatsi?"

"Shekara nawa muna tsayawa a gaban mai awo, ba mu taɓa tsayawa a bayansa ba. A akwatin nan aka tsayar da mu a baya, muka ga hannu. Kai da bakinka ka ce ba ta taɓa awo ba. Shi ne muke tambayar junanmu, to a rumfar wa ta koya?"

Yaya ce ta fara magana, da muryar da take sawa in tana so ta kwantar da rigima.

"Sarkin Noma, ai ni yawo ne aikina. Kasuwar da na zauna a cikinta ta fi a ƙirga. Kaduna, Zariya, ko'ina ina kallon mutane."

Ta buɗe mini ƙofa ke nan. Da na ce haka ne, a Zariya ta gani, da an tashi a haka, ko da ba su yarda ba ba za su ƙaryata baƙuwa a gidansu ba. Sai dai Kande ba ta jira ba. Ta shiga gida ta fito da tiya da babban masaki cike da dawa, ta dire su a gabana, ta zagaya ta tsaya a bayana, hannu a ƙugu.

"Ɗan Funtua, auna mana mu gani. Mu dai kallo muke so, mun saba."

Ni ɗan kasuwa ne, kuma a tsugunen nan lissafin kasuwa na yi, kada ku ɗauka wani tsoron Allah ne ya sauko mini nan take. In na auna ba hannu na ce haka nake yi kullum, Kande ta san buhunta, ta san tiya nawa yake ci a gida, ta san nawa yake ci a rumfata. Za su yi mini murmushi, su ba ni fura, ba kuma zan sake ganin ƙwayar dawarsu ba. In na nuna musu, na tozarta a gaban mata da yara, amma aƙalla akwai abin da ya rage da za a iya gini a kansa. Na naɗe hannun riga. Na cika tiya, na tallabo ta yadda na saba, na juye a faifai. Na sake cikawa, na janye hannuna, abin da zai zube ya zube, na juye a wani faifan. Na ajiye su kusa da juna. Ko makaho ya shafa zai ji bambanci.

"A rumfata ta koya," na ce. "Haka nake muku tun ranar da na fara zuwa garin nan."

Wani saurayi ya yunƙura zai yi magana, Nomau ya ɗaga masa sanda. Tsohon ya dubi faifan nan biyu.

"Mun ji," in ji shi. "Ku gaida gida."

Bai ce za su dawo ba, bai ce ba za su dawo ba. Aka sa wa Yaya zakaranta a bayan mota. Muka bar ƙauyen, muka hau kwalta. Raina yana tafasa, kuma ba da Kande ba, ba da Nomau ba, da ita. Na ciyar da ita a rumfata, ta zauna a kan buhuna, ta kwashe sirrin sana'ata ta kai wa duniya. Da muka iso tashar Malumfashi na taka birki.

"Ga motocin Kaduna can."

"Auta, ba za mu ƙarasa Funtua in ga yara ba?"

"Kin gama ganin abin da za ki gani a wurina."

Ta sauka, ta ɗauki zakaranta a hammata, ta tsallaka titi ba ta waiwayo ba. Abin da ya faru ke nan. Ba kunyar fim ba ce. Na yi abin da ya dace a gaban manoma, na zo na huce a kan wadda ta raine ni.

Ran kasuwar da ta biyo baya na daina hannu, don ba yadda za a yi in koma bayan abin da na nuna. Nan rigima ta tashi da 'yan'uwana 'yan hatsi. Duk manomin da ya auna a wurina ya je rumfar gaba, sai ya zagaya ya tsaya a bayan mai awo. Alhaji Ɗanlami ya tara mutane, ya ce an aike ni in kashe wuta na je na zuba mata kananzir. Suka ce ko in koma yadda kowa yake yi, ko in sauka daga kujerar mataimaki. Na ce su riƙe kujerarsu. Aka sake rabon rumfuna, tawa ta faɗa can ƙarshen kasuwa kusa da turken awaki, inda sai mai nemanka da gaske zai iso. Kakar nan sito bai kai rabi ba. Na sayar da babur, na dakatar da ginin bene da na fara, tubalin yana nan har ya zama wurin wasanku. Sai wajen ƙarshen rani na ɗaga kai na ga Kande da rabin buhun dawa a ka. Ba ta gaishe ni ba. Ta sauke, ta zagaya bayana, ta tsaya. Na auna. Ta ƙirga a bakinta, ta karɓi kuɗinta, ta ƙulle a bakin zane.

"Yau buhuna ya yi kumari," in ji ta. "Ina Iya?"

"Tana Kaduna."

"Ka ce muna gaishe ta."

Ban isar da gaisuwar ba. Wata ashirin da biyu ban taka ƙofarta ba, salla huɗu ban aika mata ko turmin atamfa ba. Ta aiko a gaishe ku, na ce a ce mun gode. Abin da ya karya ni zazzaɓi ne. Ina kwance a falo da rana, ko juyi ba na iyawa, mahaifiyarku ta shigo ta jona bidiyo, ta zura kaset ɗin, ta ɗauke rimot ta fita da shi, ta ja ƙofa. Na yi kira, ta ce tana kan wuta. Haka na kalla dole. Ga Yaya ta tsuguna gaban tarin dawa. Kafin ta ɗauki tiya sai ta tura ɗankwali baya da yatsa ɗaya, yadda nake tura hula. Ta yi ɗan gyaran muryar nan da nake yi kafin in fara ƙirga, wanda ni kaina ban san ina yi ba sai ranar. Ta karkata kai tana tambayar manomi lafiyar mai jego da wata irin murya mai zaƙi, hannunta na hagu kuma yana aikinsa a ƙasa. Ni ne, ba ragi. Kuma abin da ya fi ba ni mamaki, ba ta mai da matar dodo ba. Mace ce mai fara'a, mai kyauta, tana ba yara alewa, ta yarda har zuciyarta cewa ita mutuniyar kirki ce. Na fara dariya, dariya ta koma tari, daga nan kuma ban san lokacin da hawaye ya zo ba. Da na warke na tafi Kaduna. Na same ta tana yankan kuɓewa a tsakar gida, da tabarau mai kauri wanda ban san ta da shi ba.

"Na kalla," na ce.

"Ya ka ga gyaran muryar? Kwana uku ina koyonta."

"Yaya, me ya hana ki faɗa mini a tsakaninmu?"

"Na faɗa maka mana. Ran kasuwa ta biyu, na ce, Auta, hannun nan fa? Ka ce, Yaya, ci gyaɗarki, kasuwa ce. Ni ban iya wa'azi ba. Nunawa na iya. Mai kyamara ma so ya yi ya tsaya a gabana ya ɗauki fuska. Na ce masa koma baya, fuskar nan shekara talatin ana ganinta."

"Kin san zai iya kashe mini kasuwa?"

"Na sani. Na yi kwana biyu ina juya abin. Amma in na fara yin ƙarya a aikina don in rufa wa nawa asiri, gara in koma ƙosai. Kai dai zauna, ka rame. Akwai tuwo."

Ta yi shekara goma sha tara tana aiki bayan wannan. Kaset ya wuce, faifai ya wuce, aka koma kallo a waya, yaran da aka haifa bayan ta fara suka zama su ke ba ta umarni, tana ce musu ranka ya daɗe tana yi musu gyara. Sai da ƙafa ta gaza ta yarda ta dawo Funtua, kuma ko a nan, kun gani da idonku, 'yan jinyar da ke zuwa duba ta ba su tsira ba, suna fita take yi mana su.

Ga yadda lissafin ya tsaya. Cikin ƙauyuka bakwai, huɗu sun dawo, ɗaya bayan ɗaya, cikin shekara uku, kuma jikokinsu ne suke kawo wa yayanku Kabiru waken suya a yau ba tare da sun tambayi farashin rumfar gaba ba. Uku sun tafi wurin masu sikeli ba su sake waiwayata ba, kuma ban ga laifinsu ba. Kujera ta tafi, bene bai tashi ba, ban kai arzikin da Alhaji Ɗanlami ya kai ba. Duk wannan ciniki ne, na saya da idona a buɗe, da za a sake kawo shi zan sake saya. Guda ɗaya ce faɗuwa. A cikin watannin nan da na ɗauke mata ƙafa ne idonta ya yi yana, aka yi mata aiki a asibiti. Wani maƙwabcinta mai gyaran rediyo ne ya kai ta, ya zauna a bakin ɗakin, ya dawo da ita gida. Ba ta taɓa faɗa mini ba. A bakinsa na ji, ranar sadakar ukunta.